Yadda ɗan kwangilar titi zai bi kuɗinsa da suka maƙale a hannun gwamnati

Da yawa daga cikin masu kukan gwamnati ta riƙe musu kuɗin aikin titi a jihar Katsina ba manyan kamfanoni ba ne irin masu aikin tagwayen hanyar Kano zuwa Katsina. Ƙananan 'yan kwangila ne: wanda aka ba kilomita biyu na titin cikin gari, wanda ya yi lambatu da kwalbati a wata unguwa ta Daura, wanda ya zuba marmara a hanyar ƙauye ya bi ta da gireda da rola. Ya ci bashin banki ko ya jinginar da fili, mai tifa na binsa, mai siminti na binsa, leburori na yi masa sallama tun bai dawo daga masallacin asuba ba. Shi kuwa duk ofishin da ya shiga amsar ba ta wuce biyu: fayil na teburin oga, ko ba a saki kuɗi ba tukuna.

Abu ɗaya za ka fara sa wa a ranka. Gwamnati ba titi take biya ba, takarda take biya. Titinka na iya zama shimfiɗe, motoci na gudu a kansa, amma muddin babu takardar da injiniyan gwamnati ya sa wa hannu yana cewa an yi aikin kaza kuma kuɗinsa kaza ne, to a idon baitulmali ba a bin kowa komai. Duk matakan da ke ƙasa hidimarsu ɗaya ce: mayar da aikin da ka yi ya zama bashin da gwamnati ta amsa a rubuce, sannan ka bi shi hawa-hawa ba tare da wa'adin shari'a ya kuɓuce maka ba.

Mataki na farko: wa kake bi, kuma da sunan wa?

Kalmar gwamnati faɗi gare ta. Idan aikin na Ma'aikatar Ayyuka ta Tarayya ne, ofishin kwanturolan ayyuka da ke Katsina shi ke duba aikin, amma kuɗin daga Abuja suke fitowa. Idan gyara ne na FERMA, hukumar gyaran hanyoyin tarayya, ita za ka bi. Idan na jiha ne, ko dai Ma'aikatar Ayyuka ta jiha ko hukumar gyaran hanyoyi ta KASROMA. Akwai na ƙananan hukumomi 34 da jihar ke da su, akwai kuma hanyoyin karkara na shirin RAAMP da ake yi da rancen Bankin Duniya, waɗanda ke da nasu ƙa'idojin biyan kuɗi. Ayyukan mazaɓu su ne suka fi ruɗa mutane. Ɗan majalisa ne ya kawo aikin, amma ba shi ya ba ka kwangilar ba. Wata hukumar tarayya ce ta sa hannu, wani lokaci ma hukumar da ba ruwanta da harkar titi, kuma ita ce ke da bashinka. Zaryar gidan ɗan majalisa na iya taimakawa wajen kamun ƙafa, amma ba za ka iya kai shi kotu kan wannan kuɗin ba.

Sai tambaya ta biyu, wadda ta fi ciwo. Sunan wane kamfani ne a takardar? A nan garuruwan namu sayen takardar kwangila ba baƙon abu ba ne. Wani ya samu aikin saboda siyasa, ya sayar maka, ka zuba kuɗinka ka yi. A doka, wanda ke cikin yarjejeniya shi kaɗai ke da ikon neman haƙƙi a kanta. Idan sunan kamfaninka ba ya ciki, gwamnati ba ta san da kai ba, kuma ranar da aka biya, asusun mai takardar kuɗin za su faɗa. Haka yake ga wanda ya karɓi yankin aiki daga hannun babban ɗan kwangila, da mai kawo tsakuwa, da mai hayar katafila: wanda ya ɗauke su aiki za su bi. Idan wannan ne halinka, kafin komai ka nemi mai takardar ku je wurin lauya. Ya rubuta maka wakilcin da zai ba ka ikon bin kuɗin da sunan kamfanin, a sa ka cikin masu sa hannu a asusun da za a biya, a kuma sanar da ma'aikatar a rubuce cewa ba za a canza wannan asusun ba sai da yardarku ku biyu. Yi wannan tun kuna shiri. Ranar da kuɗi suka shiga, ba kowa ke ɗaga waya ba.

Mataki na biyu: haɗa fayil ɗinka, ka karanta yarjejeniyar

Tara takardar ba da kwangila, da amsar da ka rubuta ta karɓa, da yarjejeniyar da aka sa wa hannu, da jadawalin awo da farashi wanda ake kira BEME, da zane, da takardar miƙa maka wurin aiki, da lamunin banki ko na inshora da ka bayar kafin a ba ka kafin alƙalami, da sakamakon gwajin ƙasa da na kankare, da hotuna masu kwanan wata, da bayanin asusunka na banki mai nuna duk abin da aka taɓa biyanka. Yi kwafi uku, ka ɗauki hoton kowane shafi a waya. Asalin takarda ba ta barin hannunka, ko wa ya nema.

Daga nan zauna ka karanta yarjejeniyar, ko ka sa wanda ya iya ya karanta maka sala-sala. Abu biyar kake nema: kwana nawa aka ba gwamnati ta biya bayan an fitar da takardar shaidar aiki, me aka ce game da jinkirin biya, wa ke da ikon amincewa da ƙarin aiki, an yarda da ƙarin kuɗi idan farashin kaya ya tashi ko ba a yarda ba, sannan ina aka ce a je idan rigima ta taso. Mutane kan sa hannu a wannan kundi cikin murna su jefa shi a durowa, sai rigima ta kai wuya lauyan gwamnati ya karanto musu abin da suka amince da shi.

Mataki na uku: awo da takardar shaidar aiki

Nan ne zuciyar maganar, nan kuma aka fi yin sakaci. Tsarin da aka saba shi ne ka rubuto neman a auna aikin da ka yi, injiniyan da ke kula da wurin ya fito da mutanensa, ku auna tare, a lissafa bisa farashin da ke cikin BEME, a fitar da takardar shaidar biya ta wucin gadi, wadda a wurin aiki satifiket kawai ake ce mata. Ita ce ke hawa daga injiniya zuwa darakta, zuwa babban sakatare, har a kai ga rubuta bauca, wato takardar umarnin biya.

Ranar awo kada ka tura yaro, je da kanka tare da injiniyanka ko safiyonka. Za a ja tef a kan tsawo da faɗi, a tona rami a gefe a ga kaurin marmara da na tsakuwa, a ƙirga kwalbatoci, a bi lambatu mita-mita. Duk lambar da aka faɗa, naka mutumin ya rubuta a nasa littafin. Kafin a watse, a kan bonet ɗin mota ma ya isa, kowa ya sa hannu a takardar awon, ka karɓi kwafinka nan take. Idan aka ce maka, “Alhaji, bari mu koma ofis mu gyara lissafin mu aiko maka,” ka amsa da ladabi: “To yallaɓai, a sa mini hannu a wannan ɗanyen tukuna, in ya so a gyara daga baya.” Injiniyoyi na samun canjin wurin aiki, suna yin ritaya, kuma wanda ya gaje su ba zai sa hannu a kan abin da bai gani ba.

Akwai aikin da in ba a auna shi a kan lokaci ba, ya tafi ke nan. Ramin da ka haƙa ka cike, ruɓaɓɓiyar ƙasar da ka kwashe ka zubar, rodin da ke cikin kankare, duk kwalta da siminti na rufe su. Damina kuma tana da nata ɓarnar. Titin marmara da aka gama a watan Mayu, in ba a karɓe shi ba har ruwan Agusta ya bi ta kansa, za a zo a ce aikin bai yi kyau ba, alhali jinkirin karɓa ne ya jawo. Saboda haka da ka gama wani sashe, rubuta neman a zo a duba, ka ajiye shaidar ranar da ka rubuta.

Sai ƙarin aiki, wanda shi ne ramin da ya fi cin 'yan kwangila. Babban mutum ya zo rangadi, mai unguwa ya roƙe shi, ya juyo ya ce maka a ƙara mita 300 zuwa bakin masallacin Juma'a, za a biya. Kunya ta hana ka cewa a rubuta. Ka yi aikin, ranar lissafi a ce babu shi a BEME. Maganar baki ba ta zama bauca. Idan an ba ka irin wannan umarni, a ranar ka sa injiniya ya rubuta shi a littafin umarnin wurin aiki, kai kuma ka bi da wasiƙa: a rana kaza an umarce mu da kaza, kuɗinsa zai kai kaza, muna jiran amincewa a rubuce kafin mu fara. Ƙarin da ya yi yawa sai ya koma gaban waɗanda suka amince da kwangilar tun farko. A matakin tarayya ma Dokar Sayen Kayayyaki da Ba da Kwangila ta 2007 ta ce kwangilar da ta kai adadin da ke bukatar sahalewar BPP, hukumar tarayya mai kula da ba da kwangila, in aka ba da ita babu wannan sahalewar, ɓatacciya ce. Jihar Katsina ma tana da tata hukumar kula da ba da kwangila. Idan ka riga ka yi ƙarin ba takarda, ba a rasa hanya ba gaba ɗaya, domin kotu na iya ba mutum ladan aikin da aka sa shi aka kuma amfana da shi, amma shari'a ce mai wuya, kuma hotuna da shaidu da duk wani ɗan rubutu da ya ambaci ƙarin su ne za su cece ka.

Idan injiniya ya ƙi fitowa awo, ko an auna an ƙi fitar da satifiket, rubuta wa daraktan da ke samansa, ka haɗa da naka lissafin da injiniya mai rajista da COREN, hukumar kula da aikin injiniya, ya sa wa hannu. Ƙin fitar da satifiket ba tare da dalili ba shi kansa saɓa yarjejeniya ne.

Mataki na huɗu: nawa ne ainihin bashin?

Ga misali. Kwangilar naira miliyan 120 ce, an ba ka kafin alƙalami kashi 30 cikin 100, wato miliyan 36. An auna aikin da ka yi ya kai miliyan 60. Za a cire kuɗin riƙo, wato waɗanda ake riƙewa har wa'adin gyaran lahani ya cika, wanda yawanci kashi 5 ne, miliyan 3 ke nan. Za a cire rabon kafin alƙalamin da ya faɗo kan wannan aikin, a ce miliyan 18. Saura miliyan 39, kuma a cikinsu za a taɓa haraji. Mutumin da ke yawo yana cewa yana bin gwamnati miliyan 60, abin da za a biya shi a yau bai kai 39 ba. Idan ka rubuta adadin da ya zarce gaskiya, ka ba akanta dalilin mayar da fayil ɗinka baya, a sake wata uku ana tantancewa.

Raba lissafinka gida-gida: wanda aka ba satifiket ba a biya ba, wanda aka yi ba a auna ba, ƙarin aiki, bambancin farashi, kuɗin riƙo. Na farkon ne mai ƙarfi, kada ka cuɗa shi da masu gardama. Game da bambancin farashi, kowa ya san abin da ya faru da kuɗin dizal da siminti da kwalta bayan cire tallafin mai a watan Mayun 2023 da faɗuwar darajar naira da ta biyo baya. Amma tsadar kaya kaɗai ba ta ba ka haƙƙin ƙari. Sai in yarjejeniyar ta tanadi haka, ko an sake duba farashin an amince a rubuce. Ƙananan kwangiloli na gajeren lokaci galibi farashinsu a ƙulle yake.

Mataki na biyar: gano inda fayil ya kwana

“Ana kan aiki” ba amsa ba ce. Nemi lambar fayil, ka san teburin da yake da ranar da ya isa can. Matsalar ɗaya ce cikin uku. Ko dai ba a gama sa hannu a ma'aikatar ba, ko an gama amma mai binciken kuɗi ya ɗaga tambaya, ko kuma komai ya kammala ana jiran sakin kuɗi daga ma'aikatar kuɗi da ofishin akanta janar. Kowace da maganinta. Ta farko bibiya take so. Ta biyu, ka nemi a nuna maka tambayar ka amsa ta a rubuce, sau da yawa takardar shaidar biyan haraji ce ta ƙare ko wani kwafi ya ɓace. Ta uku ita ce mai wuya, domin sanya aiki a kasafin kuɗi daban, sakin kuɗinsa daban. Duba kasafin bana ka ga ko aikinka na ciki. Idan shekara ta juya ba a biya ba, kuma ba a maido da aikin cikin sabon kasafi ba, babu aljihun da za a ciro kuɗin. Don haka tun wajen watan Agusta zuwa Oktoba, lokacin da ma'aikatu ke haɗa bukatunsu na baɗi, ka rubuta a sa bashinka cikin jerin basussukan da aka tantance.

Canjin gwamnati ba ya kashe bashi. Da ofis ka ƙulla yarjejeniya, ba da mutumin da ke kan kujera ba. Sabuwar gwamnati takan kafa kwamitin tantance ayyukan da ta gada. Idan an kafa, kai takardunka da kanka, ka nemi kwafin abin da suka rubuta a kan aikinka.

Mataki na shida: wasiƙar neman biya

Shafi ɗaya ya isa. A kan takardar kamfani, zuwa ga babban sakatare ko shugaban hukumar, da kwafi ga kwamishina ko minista, da akanta janar. Ka ambaci sunan aikin da lambarsa, lambar satifiket da ranarsa, adadin kuɗin, sakin layin yarjejeniyar da ya faɗi lokacin biya, sannan ka ba da wa'adi, kwana 14 ko 21. Ba zagi, ba roƙo, ba labarin 'ya'yanka da aka koro daga makaranta. Ka rufe da neman a tabbatar maka a rubuce cewa adadin daidai ne, a kuma faɗi ranar biya.

Kai ta ofishin karɓar wasiƙu da kwafi biyu. Ma'aikacin zai karɓi ɗaya ya ce shi ke nan. Miƙa masa ɗayar: “Malam, a taimaka a buga mini hatimi a nan.” Ka tsaya har ya buga, ya sa kwanan wata da hannu, ka duba hatimin ya fito ana karantawa. Wasiƙar da ba ta da wannan shaidar, ranar da aka tsaya gaban alƙali za a ce ba a taɓa ganinta ba.

Idan aikin na tarayya ne, sashe na 37 na dokar 2007 na bayanka. Ya ce kuɗin da suka wuce kwana 60 ba a biya ba bayan an miƙa takardar neman biya da satifiket an kuma tabbatar da su, jinkirin biya ne, kuma za a ɗora musu kuɗin ruwa bisa adadin da aka rubuta a yarjejeniya. A aikin jiha da na ƙaramar hukuma, yarjejeniyarka da dokar jiha za a duba. Na san da yawa cikin 'yan kwangilarmu ba sa son jin maganar kuɗin ruwa saboda addini, kuma wannan tsakaninka da malaminka ne. Shawarata dai kada ka yafe shi tun a wasiƙar farko. Bar shi a rubuce, domin ranar sulhu shi ne abin da za ka ajiye a ce ka yi rangwame, a ba ka uwar kuɗinka cif.

Abu uku da za ka kiyaye

Kada ka kwashe kayan aiki ka bar wurin cikin fushi. Za a rubuta cewa ka gudu ka bar aiki, a soke kwangilar, a nemi banki ya biya lamunin da ya tsaya maka, mai bin bashi ya koma wanda ake bi. Idan ba za ka iya ci gaba ba, bi hanyar da yarjejeniya ta shimfiɗa: sanarwa a rubuce cewa za ka dakata saboda rashin biya, da neman ƙarin lokaci. A kwangilolin da ke bin tsarin FIDIC na 1999, wani samfurin yarjejeniyar kwangila na ƙasa da ƙasa, alal misali, sanarwar dakatarwa kwana 21 ce, kuma duk wata bukatar ƙarin kuɗi ko lokaci sai an sanar da ita cikin kwana 28 daga ranar da ka san dalilinta ko ya kamata ka sani.

Kada ka sayi fitar fayil ɗinka. Ban da haramci, dokar tarayya ta tanadi hana kamfanin da aka kama da irin wannan laifi kwangila na aƙalla shekara 5, da tarar kashi 25 cikin 100 na kuɗin aikin. Kuma wanda ka ba na goro a satifiket na farko zai riƙe na biyu har sai ka dawo.

Kada ka kai maganar wurin 'yan sanda ko EFCC da sunan su karɓo maka. Kotuna sun sha faɗa cewa su ba masu karɓar bashi ba ne. In kana da shaidar cewa an fitar da kuɗinka wani ya karkatar da su, wannan laifi ne, hurumin su ne.

Mataki na bakwai: ƙofofin da ke tsakanin ofis da kotu

Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a ta tarayya tana da ofis a Katsina, kyauta take aiki, tana iya kiran ma'aikata su yi bayani. Sai dai ba ta karɓar maganar da ke gaban kotu, kuma dokarta ta ce a kawo kuka cikin wata 12. Kwamitin koke-koke na majalisar dokokin jiha ko ta tarayya ma na iya gayyatar jami'ai. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba ka damar neman a nuna maka ko an saki kuɗin aikinka, kuma kwana 7 ta ba hukuma ta amsa. Akwai kuma zauren sulhu na babbar kotun jiha, inda ake zama da mai shiga tsakani. Babu ɗaya cikin waɗannan da zai tilasta wa baitulmali biya, amma sukan sa jami'i ya rubuta cewa lallai ana bin kuɗin, kuma wannan rubutun zinari ne a mataki na gaba. Kamun ƙafa da manya, wanda shi muka fi sabawa da shi, ba laifi ba ne, a dai yi shi tare da takarda.

Mataki na takwas: agogon shari'a

Haƙuri na da iyaka a doka. Bashin yarjejeniya yana da wa'adin da in ya wuce kotu ba za ta saurare ka ba, komai gaskiyarka. A Abuja da wasu jihohi shekara 6 ne, a wasu jihohin shekara 5, ana ƙirgawa daga ranar da ya kamata a biya. Yi lissafinka da 5, kuma kada ka bari ka kusance ta. Zaryar ofis da alkawarin baki ba sa tsayar da wannan agogo. Abin da ke sabunta shi shi ne amsa bashin a rubuce da sa hannu, ko biyan wani ɓangare.

Lauyan gwamnati zai iya ɗaga dokar kare jami'an gwamnati, mai cewa a shigar da ƙara cikin wata 3. Kada ta firgita ka. Kotun Ƙoli ta yanke tun a shari'ar hukumar tashoshin jiragen ruwa da kamfanin Construzioni a 1974, ta kuma nanata a shari'ar gwamnatin Osun da kamfanin Dalami a 2007, cewa wannan dokar ba ta shafi saɓa yarjejeniya ko neman ladan aikin da aka yi ba. Wanda ke kayar da mutane da gaske shi ne sanarwar niyyar kai ƙara. Dokokin da suka kafa hukumomi da yawa, har da ƙananan hukumomi, sun ce sai an ba su sanarwa a rubuce, galibi wata ɗaya, kafin a kai su kotu. In ka tsallake, za a kori ƙarar ka koma farko.

Mataki na tara: mai raba gardama ko kotu

Daga nan sai da lauya, kuma wanda ya taɓa yin shari'ar kwangila. Ku yi maganar ladansa a rubuce tun farko. Idan yarjejeniya ta ce a je gaban mai raba gardama, wato wanda ake naɗawa ya yanke muku hukunci a wajen kotu, can za a je, domin in ka wuce kotu kai tsaye gwamnati na iya neman a dakatar da ƙarar. Dokar da ke tafiyar da wannan yanzu ita ce ta 2023, wadda ta maye gurbin ta 1988. Mai raba gardama ya fi kotu sauri, hukuncinsa na ɗaure kowa, amma ku ne za ku biya mai raba gardamar, don haka a kan ƙaramin kuɗi sai an yi lissafi.

Idan kotu ce, babbar kotun jiha ce, tana zama a Katsina, tana kuma zama a Daura da Funtuwa. Mutane kan ɗauka tunda hukumar tarayya ce sai babbar kotun tarayya. A shari'ar Onuorah da matatar man Kaduna a 2005, Kotun Ƙoli ta ce bashin yarjejeniya zalla ba hurumin babbar kotun tarayya ba ne. An yi asarar shekaru a kan wannan kuskure. Haka kuma sai an kula da sunayen waɗanda ake ƙara, a haɗa da antoni janar inda ya dace. Ga mai satifiket da wasiƙar amsa bashi, akwai gajeriyar hanya da ake bi kan kuɗin da adadinsu ba ya cikin gardama: a shigar da rantsuwa da takardu, in wanda ake ƙara bai nuna wata kariya ta gaske ba, a yanke hukunci ba tare da kiran shaidu ba. A nan ne wahalar da ka sha a mataki na uku da na shida ke biyanka.

Mataki na goma: hukunci a hannu, kuɗi fa?

Cin shari'a ba shi ne shigar kuɗi ba. Hanyar da aka fi bi ita ce a nemi kotu ta ɗaure kuɗin hukumar da ke banki. Kotu na fara ba da umarnin wucin gadi, a isar wa bankuna da wanda ake bi aƙalla kwana 14 kafin zama, banki ya faɗi abin da ke asusun, sannan a ba da umarnin ƙarshe a biya ka. Ƙayar da ke ciki ita ce sashe na 84 na dokar aiwatar da hukuncin kotu, wanda ya ce kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati ba a taɓa su sai da yardar antoni janar, wato lauyan wanda kake bi. An daɗe ana kai ruwa rana kan wannan sashe. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta taɓa yanke cewa kuɗin gwamnati da ke bankin kasuwanci ba a hannun jami'i suke ba, a shari'ar kamfanin Purification Techniques da antoni janar na Legas a 2004. Kuɗin tarayya kuwa tun 2015 suna asusun bai ɗaya a Babban Bankin Najeriya, kuma nan ne gardamar ta fi zafi. Abin da ya fi aminci shi ne lauyanka ya rubuta neman yardar tun da wuri, ya ajiye shaidar hatimi, in an yi shiru ko an ƙi ba dalili ya koma kotu da ita.

Sau da yawa a wannan gaɓar ne ake kiranka zaman sulhu, a ce za a biya kashi-kashi, ko a nemi ka sauke wani abu. A tarayya an taɓa biyan tsofaffin basussukan 'yan kwangila da takardun alkawarin biya ta hannun Ofishin Kula da Basussuka, waɗanda mutum zai jira ranarsu ko ya sayar wa banki da ragi. Karɓar kashi-kashi ba aibu ba ne ga wanda banki ke ƙirga wa ruwa kullum. Sai dai a rubuta adadi da ranakun biya, a sa cewa in an saɓa kashi ɗaya sauran duka sun wajaba nan take, a kuma kai takardar kotu ta zama hukunci. Karanta duk abin da za ka sa wa hannu a ofishin akanta: in an rubuta cewa wannan biyan shi ne na ƙarshe kuma ya share komai, to ƙarin aikinka da kuɗin riƙonka sun tafi tare da shi, sai in an cire su da suna.

Kuɗin riƙon kuwa ba sa fitowa da kansu. Idan wa'adin gyaran lahani ya cika, wanda a aikin titi yawanci wata 6 ne zuwa 12 bayan karɓar aiki, rubuta neman a zo duba na ƙarshe, ka gyara abin da aka nuna, ka karɓi takardar kammalawa, ka nemi sakin kuɗin da ita. A wannan zuwan ka karɓo takardun lamunin da bankinka ya bayar domin a daina caje ka a kansu, da rasit na harajin da aka cire maka a kowane biya, wanda za a rage maka a lissafin harajin kamfaninka na shekara.